Garwashi a Tafin Annis

"Matsa daga bakin murhun nan, Annis!"

Ba ta matsa ba.

"Baba, don girman Allah... garwashi ɗaya kawai!"

"Na ce ki matsa!"

Mahaifinta, Gib Routledge, ba mutum ne da ake sa shi maimaita magana ba. Ko karnukan gidan sun lafe a ƙarƙashin benci. Inna na tsaye jikin bango tana murza hannuwa, Yaya Rowie kuwa ya sunkuyar da kai yana kankare taɓo daga takalminsa, kamar ba shi ya jawo komai ba.

Alhali shi ya jawo. Jiya ya ƙetare rafin Kershope zuwa ɓangaren Skotland, ya koro shanun gidan Crozier kaf, ya ɓoye su a garken bayan tudu. Wannan ba abin kunya ba ne a bakin iyaka, inda saniya kan kwana a ƙasar wani sarki ta yi kalaci a ta wani. Dokar ma ta san da zaman abin. Wanda aka yi wa sata yana da ikon ƙetarowa ya bi sawun dabbobinsa, muddin ya soke curin ƙasar fadama, irin wadda suke busarwa su hura wuta, a tsinin mashinsa tana hayaƙi kowa na gani. Da wuta, mai neman haƙƙinsa ne, ba mai taɓa shi. Babu wuta, ɗan hari ne, bishiya mafi kusa ita ce alƙalinsa.

Kuma yanzun nan Annis ta sauko daga saman soro, inda ta ga abin da ya tsinka mata zuciya. Ninian Crozier ne ya biyo sawu, shi kaɗai. Dokinsa ya zame a tsakiyar rafi, mashin ya nutse, hayaƙin ya ɗauke. Ya dai fito a gaɓar Ingila da ransa, amma ruwa ya ƙara cikowa a bayansa. Can kan tudun gabas kuma ga mahayan Sarkin Iyaka suna gangarowa, Cuddie Dodd a gabansu.

Ninian ɗinta. Wanda ya tsamo mata takalmi daga rafi a taron ranar sulhu tsakanin mutanen ɓangarorin biyu, ya ƙi ba ta sai da ta faɗa masa sunanta. Tun daga ranar take satar jiki zuwa bakin ruwa da sunan wanki.

"Kashe shi za su yi, Baba!"

"Su kashe. Wa ya aike shi?"

"Shanunsa ya biyo! Uwarsa da ƙannensa da me za su ci sanyin bana?"

"Au, har kin san yawan ƙannensa?" Baba ya yi wata dariya marar daɗi. "Ashe gaskiya Cuddie ya faɗa. 'Yata, jinina, da ɗan Skotland!"

Ta juya ga yayanta. "Yaya Rowie, dube ni. Duk garken da ke ƙetare, me ya sa sai na Crozier?"

Ya ci gaba da kankare takalminsa.

"Yaya!"

"Cuddie ne ya ce in ɗebo su," ya faɗa can ƙasan maƙoshi. "Ya ce zai kau da kai. Ni ina na san tarko yake haɗawa?"

Sai yanzu ta gane. Sau biyu Cuddie na aiko da maganar aurenta tana cewa a kai kasuwa. Son maso wani ƙoshin wahala, amma shi bai tsaya shan wahalar ba, igiya ya je ya saya. Ya san gidan Crozier babu namiji sai Ninian, ya kuma san halin rafin nan in an kwana ana ruwa.

"Saurara, yarinya," in ji Baba, muryarsa ta sauka, abin da ya fi tsawarsa ban tsoro. "In yaron nan ya iso nan da wuta, sawu zai kai shi garke. Shanu na nan da tsagar Crozier a kunnuwansu. Wa kike jin za a rataye?"

"Annis, 'yar nan..." Inna ta fashe da kuka. "Nono ɗaya kuka sha da Rowie. Ki tausaya mini!"

Gaba kura, baya sayaki. Ta dubi yayanta, wanda ya goya ta tana ƙarama. Ta dubi ƙofa.

"Zan roƙi Ninian ya bar sawun, Inna. Zai ji maganata. Amma matacce ba ya jin roƙo!"

Baba ya sunkuya ya ɗauki bokitin ruwan da ke bakin ƙofa.

"Gib!" Inna ta ƙwalla ƙara. "Wutar da kakanka ya hura? Ba ta taɓa mutuwa ba!"

"Yau za ta mutu."

Babu cebur kusa, babu kasko, babu lokacin neman su. Kafin ruwan ya bar bakin bokiti, Annis ta cusa hannuwanta biyu cikin murhu ta sunkuto curi guda jajir.

Ihun da ta yi, ita kanta ba ta san muryarta ba ce.

Ta bangaje ƙofa ta fita.

Yayyafi ake yi, mai haɗe da iska. Ta duƙunƙune a kan curin, ta rufe shi da ƙirjinta, tana gudu tana tuntuɓe. Ta gwada naɗe shi a gefen zanenta, zanen ya jiƙe sharkaf, ta ji wutar na shirin mutuwa, ta mayar da shi tafin hannu. Daga dama zuwa hagu, daga hagu zuwa dama. Tana jin ƙaurin fatarta.

"Kar ki mutu... don Allah kar ki mutu..."

Da wutar take magana, kamar mai lallashin jinjiri.

Ta same shi durƙushe a bakin gaɓa, jiƙe tun daga gashi har takalmi, yana ta buga ƙyastu da ƙanƙara a kan ɗanyar ciyawa don ya kunna wuta. Ko tartsatsi ba ya kamawa.

"Ninian!"

Ya ɗago a firgice. "Annis? Me kike yi a nan? Koma! Ba ki ga masu zuwa ba?"

"Miƙo mashin!"

"Me ke hannun... Wayyo Allah! Annis, sake shi! Sake!"

"Miƙo mashin na ce, sarkin taurin kai!"

Ya fizge jiƙaƙƙen curinsa ya yar, ya soke nata. Da ƙyar ya rabu da tafinta. Ya yi baƙi, sai ɗan ja kamar ƙwayar ido a tsakiya.

"Ta mutu," ya ce.

"Ba ta mutu ba. Hura! Ni numfashina ya ƙare..."

Suka haɗa goshi, suka kare iska da jikinsu. Yana hurawa, hawayensa na zuba.

"Rabin raina, me ya sa? Hannuwanki..."

"Hannu na warkewa. Wuya fa? Hura!"

Ƙasa ta fara girgiza da kofatan dawaki. Ja ya ɗan faɗaɗa. Wani siririn hayaƙi ya miƙe, ya karkace, ya sake miƙewa. Ninian ya zabura ya ɗaga mashin sama daidai lokacin da mahayan suka zagaye su.

"Ni ne Ninian Crozier! Sawun shanuna nake bi, ga wutata!"

Cuddie Dodd ya ja linzami. Igiya na rataye a gaban sirdinsa, sabuwa fil, har ya riga ya yi mata zarge. Ya dubi hayaƙin, ya dubi hannuwan Annis, fuskarsa ta yi kamar an watsa mata toka.

"Wannan ba wutarsa ba ce. Daga murhun Routledge ta fito. Ku kama shi!"

Ba wanda ya motsa. Wani dattijo cikin mahayan ya tofar da yawu gefe.

"Ni dai hayaƙi nake gani a kan mashi, Cuddie. Ban iya tambayar wuta sunan ubanta ba."

Wasu suka yi dariya ƙasa-ƙasa. Can kuma sai Cuddie ya yi murmushi. Murmushin nan ya fi igiyar tayar wa Annis hankali.

"To madalla. Mai bin sawu, ga sawu nan, mu je mu raka ka. Duk wanda muka samu da shanunka, shi ke da wannan." Ya shafa igiyar. "Ba za ta koma gida da yunwa ba."

Kowa ya dubi ƙasa. Ga sawun nan raɗau a cikin taɓo, ko makaho ya shafa zai bi, ya miƙe tiryan-tiryan zuwa bayan tudun Routledge.

Annis ta buɗe baki za ta yi roƙon da ta yi wa Inna alkawari. Amma ta ce masa me? Ka bar uwarka da yunwa saboda ɓarawon da ya sace ku? Ta san babu komai a rumbunsu, shi ya faɗa mata da bakinsa. Sai kawai ta durƙushe a cikin taɓon, hannuwanta a sama kamar mai addu'a, don ba ta iya dafa ƙasa da su.

"Rowie ne?" ya tambaya a hankali, yadda ita kaɗai za ta ji.

Ta gyaɗa kai.

Ya daɗe yana kallon tudun. Ta ga muƙamuƙinsa na motsi. Ya san kowace saniya da sunanta, wasu ma a hannunsa aka haife su.

"Sawu ya ɓace mini," ya ce.

"Me?" in ji Cuddie.

"Ruwa ya wanke shi. Ban ga komai ba."

"Kai makaho ne? Ga shi a ƙarƙashin ƙafarka!"

"Shanunka ne ko nawa? Mai shanu ke bin sawu, Cuddie Dodd. Na ce ya ɓace. Gida zan koma, da wutata a hannu, ka taɓa ni in ka isa."

"Ninian, a'a..." Annis na kuka. "Innarka... yaran..."

"Yi shiru, Annis tawa. Yi shiru kar in canja zuciya."

Dattijon nan ya juya dokinsa, saura suka bi shi. Cuddie ya tsaya baya.

"Kun dai san hukuncin auren ƙetare," ya ce. "Igiya ɗaya, wuya biyu. Ina nan ina jira."

"Jira sana'arka ce," in ji Ninian. "Ka saba."

Bayan tafiyarsu ne ta hango Baba a kan dokinsa, tsaye a gangaren tudu. Ya ga komai. Ta miƙe da ƙyar, zuciyarta na bugawa da ɗan guntun fata.

"Baba! Yaya Rowie ya tsira! Baba, ka ji? Ninian ya bar muku shanun!"

Bai matso ba. Daga can ya ɗaga murya.

"Wutar da ta fita gidana ba ta komawa. Haka wanda ya fitar da ita."

Ya juya. Ta kira shi har muryarta ta dushe, ko waiwaye bai yi ba.

Ninian ya ɗora ta a kan doki, ya yafa mata mayafinsa, suka bi gaɓa zuwa sama inda rafin ya yi faɗi. Ba ta tuna yadda suka ƙetare ba. Zazzaɓi ya riga ya rufe ta.

Rana ta yi gora suka isa. Marion Crozier, mahaifiyarsa, na tsaye a ƙofa da 'yan matanta a bayanta. Doguwar mace ce busasshiya, wadda iyakar nan ta cinye wa miji. Ba ta dubi ɗanta ba, bayansa ta leƙa.

"Ina shanun?"

"Ban same su ba, Inna."

"Ƙarya kake. Tun kana cikin zani ba ka iya ta ba." Idonta ya sauka kan Annis. "Wannan fa?"

"Annis ce. 'Yar Gib Routledge."

"Routledge!" Ta tafa hannu. "Lallai na haifi ɗa! Ka tafi neman abin da za mu ci, ka dawo mana da ƙarin baki, bakin ma na gidan ɓarayinmu? Mayar da ita inda ka ɗauko ta!"

"Ba ta da inda za ta koma."

"Sai me? Ni na kore ta?"

Annis ta zamo daga kan dokin. "Gaskiyarki ne, Baba. Zan tafi. Ni dai... na ga ya iso lafiya."

Ta yi taku biyu, jiri ya kwashe ta. Mayafin ya zame.

Ƙaramar cikin 'yan matan ta yi ƙara ta rufe ido.

Marion ta matso. Ta kama wuyan hannun Annis ta juya tafin sama, ta daɗe tana kallo. Sannan ta dubi mashin ɗanta, inda curin ke ta hayaƙinsa har yanzu.

"Wutar da na ba ka da safe fa?"

"Rafi ya cinye ta, Inna. Cuddie Dodd na gaɓa da igiya."

Tsohuwar ta waiwaya ga 'yan matanta.

"Jonet," ta kira babbar 'yarta, "ɗauko mini man shanun nan."

"Inna... shi ke nan fa ya rage mana."

"Na san abin da ya rage mini a gidana. Ɗauko!"

A bakin ƙofar ta zauna, ta ɗora hannuwan a cinyarta, ta lakato man ta fara shafawa a hankali, har ta kai ƙasan kaskon ta suɗe shi da yatsa.

"Kai kuma da ka tsaya kamar turke, gobe ka nemo limamin cocin nan mai yawo, wanda ba ya tambayar sunan dangi. In rataye ku za a yi, a rataye ku da aurenku."

"Baba, na jawo muku yunwa..." Annis ta faɗa cikin shessheƙa.

"Yunwa tsohuwar baƙuwarmu ce, ta san hanya ko ba ke. Kuma ki daina ce mini Baba kamar wata baƙuwa, Inna za ki ce." Ta ja tsaki, ta goge idonta da kafaɗa. "Buɗe hannun sosai, 'yar nan. Zai yi zafi."