Littafin da Ke Kwana a Firiza

Ƙarfe goma na safe wani dattijo mai gyaran tabarau ya shigo caji ofis, ya ce an sace masa littafi daga cikin firiza. Sufeto ya sa ya maimaita, ya maimaita, sannan ya ajiye biro ya dube shi.

Dattijon ya yi bayani a tsanake. Shekara goma sha tara yana rubuta littafin da hannunsa, kwafi ɗaya tak, kuma jibi zai kai shi maɗaba'a. Sunan littafin Daskararren Haske. Abin da ya gano shi ne, hankalin ɗan Adam haske ne, ɗumin jiki ke narkar da shi, shi ya sa muke mantuwa. Tunanin da aka sanyaya kuwa ba ya lalacewa. Yana da ɗalibai shida da ke zuwa duk Asabar, su zauna su kalli tocila ta cikin dunƙulen ƙanƙara.

"Baba, wane launi ne bangon littafin?"

"Launi ai ruɗin ido ne, Yallaɓai."

"Rubutawa zan yi. Wane launi?"

"Kore."

Suka tafi gidan dattijon. Firizar tana ɗakin baya, da kwaɗo a jikinta, ba a ɓalle shi ba. Sufeto ya leƙa ciki. Ba littafi, kuma ba ƙanƙara ko guda, duk robobin an juye su. Ya tambayi dattijon ko shi ya kwashe, ya ce ko kusa. Zai fara bayanin matakan daskarewa guda bakwai, Sufeto ya ɗaga masa hannu ya nemi a kira 'yarsa.

'Yar, ma'aikaciyar jinya ce, ta fito tana ɗaura ɗankwali. Ta rantse makulli ɗaya ne, yana wuyan mahaifinta. Sufeto ya sunkuya. Ya sa hannu can ƙasan firizar, ya zaro wata leda mai rabin kaza, ya riƙe.

"Wannan kuma ɗalibi na nawa ne?"

Ta sunkuyar da kai. Ta ce tun bara ta yanko makulli, don ba zai yiwu firiza guda ta zauna da takarda ba, namanta yana lalacewa a kicin. Makullin tana rataye shi a ƙusar bayan ƙofa, inda ɗaliban ke cire takalma. Dattijon ya dafe bango, ya tambaye ta ko ta san tunaninsa ya shekara kusa da kaza.

Tana cikin ba shi haƙuri ta ƙara da cewa ita ma an yi mata ɓarna: babbar kularta ta ruwan sanyi ta ɓace tun Asabar.

Nan Sufeto ya sami bakin zaren. Ɓarawon kirki da a hammata zai saƙale littafi ya wuce. Wanda ya tsaya neman kula da ƙanƙara, ya yarda da abin da ke cikin littafin ke nan. 'Yar kuwa ko ɗigo ba ta yarda ba.

Ya bi ɗaliban ɗaya bayan ɗaya. Biyar suka cinye masa wuni, kowa da wa'azinsa, har kansa ya fara sarawa. Na shida tela ne, shi ne ya fi daɗewa da malamin. A ƙofar shagonsa wata mata ke faɗa, kwana biyu an ƙi goge mata ɗinki.

Tela ya ce wutar shagon ce ta lalace. Sufeto ya dubi dutsen guga da aka fitar waje, ya dubi fanka tana juyi, ba mutum take fifita wa ba, ƙarƙashin tebur aka nufa da ita.

"Wutar ba ta ɗaukar guga, amma tana ɗaukar fanka?"

Ya janye yadin da aka lulluɓe, sai ga kula.

Tela ya zauna daɓas a kan kujerar keken ɗinki. Ya ce ba sata ya yi ba, ceto ne. Ya je maɗaba'ar da ƙafarsa, ya taɓa injin, ya ji zafi kamar tanda. Sau uku ya roƙi malam kada ya kai littafin can, malam ya ƙi.

"Yaushe rabonka da buɗe ta?" Sufeto ya tambaya.

"Ba a buɗewa, Yallaɓai. Sanyin sai ya fita."

Aka aika a zo da dattijon, aka buɗe a gabansa. Ƙanƙarar ta narke tuntuni. Littafin yana iyo cikin shuɗin ruwa. Dattijon ya ɗago shi da hannu biyu, ya buɗe shafi bayan shafi, ba harafi ɗaya da ke karantuwa. Sufeto ya jawo masa kujera, a hankali ya tambaye shi ko zai iya sake rubutawa. Ya girgiza kai, ya ce shekarunsa saba'in da huɗu, ko babin farko ba zai iya kawowa ba.

"Ni na haddace shi, Malam," Tela ya ce, hawaye na zuba. "Har inda ka soke ka gyara."

Sufeto ya sa masa ankwa, ya ce sauran bayani a ofis. Sun kai bakin mota dattijon ya cim masu yana haki. Ya cire hularsa, ya tsoma a ruwan kular, ya kifa wa Tela a ka.

"Yallaɓai, inda za ku ajiye shi, akwai fanka?"

Sufeto ya rufe ido, ya buɗe.

"Babu, Baba. Ka zo gobe ƙarfe takwas da takarda da biro. Biro, ba firiza ba."