Ƙaurin da Ya Kama Mayafin Zinatu

"Umma ta ce in rabu da ke, Zinatu..."

Muryar saurayinta ce a waya. Ludayin ya suɓuce mata. Tana kicin ɗin Madam Ginette a unguwar Marylebone ta Landan, hannuwa cikin safar roba, niƙaƙƙen naman alade na ɓararraka cikin madara da albasa.

"Fa'iz, me na yi?"

"Sadiya ta ji ƙauri a mayafinki. Ta ce wa Umma alade kike dafawa."

Sadiya ƙanwarsa, wadda ta daɗe tana yi wa ƙawarta kamun ƙafa a wurinsa! Abin haushin, ba ƙarya ta yi ba. Madam Ginette, tsohuwar da Zinatu ke jinya, 'yar Kanada ce, ɓangaren masu Faransanci, ba ta karyawa sai da kireton: naman da ake dafawa da kanumfari da kirfa har ya yi luguf, ya huce, a shafa a burodi. Bizar Zinatu kuwa a jikin aikin nan take rataye. Ta ƙi dafawa, a sa ta a jirgi. Ta dafa, ta rasa Fa'iz.

"Wallahi ko a harshe ban taɓa ɗorawa ba!" Kuka ya ƙwace mata. "Ina kake so in sa kaina?"

Ƙit, ya kashe wayar.

Da safe aka danna ƙararrawa. Fa'iz ne, da sabuwar tukunya da leda daga mahautan unguwar Peckham.

"Naman maraƙi ne, mai kitse. Matsa, abar ƙaunata, nuna min yadda ake yi."

Fa'iz, likita guda, ya tsaya yankan albasa yana sharar hawaye. Da girkin ya nuna, ya miƙo mata cokali.

"Ɗanɗana."

Karon farko ke nan da ta ɗanɗana kireton. Ta ƙara gishiri.

Da ya huce ta shafa a burodi ta kai wa tsohuwar.

"Madam, wannan ba alade ba ne. Addinina ya hana ni... tsoron kora ne ya rufe min baki."

Tsohuwar ta gutsura, ta daɗe tana taunawa.

"Ashe shi ya sa kullum nake cin lami! Mai girki ba ta ɗanɗanawa? Ƙaro min, yarinya."

Zinatu ta koma kicin. Ta tarar Fa'iz yana zuba ragowar a kwano.

"Wannan kuma na wa?"

"Na Umma. Ɗauko mayafin nan naki, da hannunki za ki miƙa mata."