Sharhin Muhsina a Kan Gurmin Ghali

Muhsina ta fara ganin Ghali ne a wani gidan shayi a kasuwar Souq Waqif, yana kaɗa gurmi idonsa a lumshe. Ita malamar jami'a ce, aikinta sharhin kiɗa da rubuta tarihin tsoffin makaɗan Turai. Washegari ta rubuta a shafinta cewa hannun saurayin akwai daɗi, sai dai yana gaggawa kamar mai tsoron mota ta bar shi.

Da yamma saƙonsa ya shigo:

"Malama, kin faɗi gaskiya, bas ɗin kamfaninmu nake gudun ta wuce. Ki dawo ran Juma'a ki ji kiɗan a natse."

Ta koma. A nan ya ba ta labarin kakansa, makaɗin da ya tsara waƙoƙin da yake kaɗawa, wanda ya rasu ba wanda ya rubuta ko sunansa. Ta ce ita za ta rubuta. Tambayoyin aiki suka koma hira, hira ta koma "Sanyin idona, kin ci abinci?"

Da maganar aure ta taso, mahaifinta, Dakta Nasidi, ya ƙi sam. Ya ce aikin lantarkin Ghali bai dame shi ba, amma ba zai haɗa jini da jikan makaɗi ba. Jin haka Ghali ya rubuto mata zai ajiye gurmin har abada.

Ta karanta, hawaye na zuba, sannan ta amsa:

"Nawan, in ka ajiye shi, wa zan aura? Ba wannan mutumin na so ba."

Mahaifiyarta, Hajiya Rakiya, ce ta tari maigidan bayan sallar Magariba.

"Dakta, kai ke nuna wa baƙi littafin Muhsina a kan makaɗan Turawa kana alfahari. Namu ne kawai abin kunya?"

Bayan kwana biyu Dakta ya sa aka kira Ghali gidansu na unguwar Al Gharrafa, ya ce ya zo da gurminsa. Muhsina na bayan ƙofa tana sauraro har kiɗan ya ƙare. Can mahaifinta ya ce, murya na rawa, wannan waƙar mahaifiyarsa ke rera masa yana yaro, bai taɓa sanin mai ita ba.

Bayan Babbar Sallah aka ɗaura aure. Dakta ya riƙe hannun Ghali ya ce, "Allah Ya yi muku albarka, ɗana, Ya jiƙan kakanka."