Sallama a Burtalin Jiya

Mati ya ci amanar baƙo, kuma ba zan sakaya sunansa ba.

Ramlatu tana tankaɗe a tsakar gida ya shigo, ya ce, "Baƙonki fa ya fasa. An ga ya juya Bici."

"Wa ya gan shi?"

"Mutane."

"Mutanen ba su da suna, Yaya Mati?"

Mati ɗan wan babanta ne, ya daɗe yana sonta. Ita kuwa zuciyarta tana wurin Abdulhadi, mai gyaran injin ban-ruwa da ke zuwa Watari daga Bici. Baba bai so ba da farko. Ga ɗan gida, me za a yi da bare? Da ƙyar ya yarda yaron ya zo gaisuwa ranar Juma'a. Juma'ar ta wuce, babu Abdulhadi, wayarsa kuma ba ta shiga.

A gabashin ƙauyen akwai tsohuwar hanyar shanu tsakanin shinge biyu, ana ce mata Burtalin Jiya. Duk sanda ruwa ya sauka ya ɗauke, lokaci ba ya tsayawa wuri ɗaya a cikinta. Ka shiga ana noma, gaba kaɗan ka tarar ana girbi. Ka ga waɗanda aka binne tuntuni suna saɓe da fartanya, ka ga gidan da ba a taɓa ginawa ba. Dokar wurin ɗaya ce: kowa ya yi maka sallama a ciki, kada ka amsa. Wanda ka amsa wa, zamaninsa ka koma. Kowane ɗan gari ya san wannan, kuma haƙƙinsa ne ya gaya wa baƙo.

Kulu mai nono ce ta tona asirin. Ta sauke ƙwarya a zaure ta ce, "Ni dai na ga babur ɗin saurayinki ya kafe a taɓo, na ga Mati yana nuna masa burtali."

Ramlatu ta tare Mati a bakin rijiya.

"Kai ka nuna masa?"

"Cewa ya yi yana sauri."

"Ka gaya masa kada ya amsa sallama?"

Mati ya ɗaga kafaɗa. "Bai tambaya ba."

"Mutumin da ko yaro ya gaishe shi sai ya tsaya ya amsa... Allah ya isa, Yaya."

Da aka yi ruwan hantsi ya ɗauke, ta yafa gyale ta nufi gabas. Ba ta waiwaya ba, amma ta ji takun Mati a bayanta.

Tana shiga, sanyin damina ya ɓace, rana ta doke ta. Dawar da ta bari iya gwiwa ta koma kara busasshe. Wasu mata suka wuce da tulu, suka yi sallama. Ta sunkuyar da kai.

Sai ta ji muryar da ta fi kowace.

"Salamu alaikum, 'yar autata."

Inna ce, mahaifiyarta da ta rasu tun Ramlatu tana firamare. Ga zanen nan mai ruwan ƙasa, ga tabon ƙuna a hannu. Amsa sallama wajibi ne, wannan kuma uwa ce. Baki kawai za ta buɗe, ta koma shekarun da Inna take da rai, ta huta da maraici. Abdulhadi kuwa shi ke nan.

Ta cusa bakin gyale tsakanin haƙora ta cije, hawaye na zuba.

Inna ta daɗe tana kallonta, sannan ta yi murmushi. "Haka na koya miki. Wuce."

Ta sami Abdulhadi a gindin rimi cikin wasu dattawa, yana taya su ɓarar gyaɗa, da sabuwar shaddarsa ta zuwa gaisuwa. Ta tsaya ta gyara murya.

"Salamu alaikum, Abdulhadi."

"Wa alaikumus salam... Ramlatu? Yanzu nake cewa bari in tashi, kada Baba ya ce na makara."

"Ka makara, masoyi. Wata Juma'ar ma ta kusa."

Ya duba gefensa. Babu dattawa, babu rimi, sai ɓawon gyaɗa a tafin hannunsa da jiƙaƙƙiyar ƙasa a ƙarƙashinsu.

"Daga nan har mu fita, kurma ne kai," in ji ta. "Ka ji ko?"

Ya gyaɗa kai, ya riƙe bakin gyalenta kamar yaro.

A hanyar fita suka tarar da Mati ya ƙame. A gabansa wata Ramlatu ce, da lalle har gwiwar hannu, da lulluɓin amare, tana cewa, "Salamu alaikum, angona."

"Yaya Mati, kada ka amsa," Ramlatu ta ce. "Ga ni nan. Waccan ba ni ba ce, auren nan ba a taɓa ɗaura shi ba. Zo mu tafi gida, na yafe."

Mati ya dubi wadda baƙo ke riƙe da gyalenta, ya dubi wadda ke kiran shi ango. Shi ba baƙo ba ne, ya san doka tun yana tallan rake. Da saninsa ya buɗe baki.

"Wa alaikumus salam."

Iska ta kaɗa shinge, wurin ya zama wayam.

Da Baba ya ji labari, sai ya dubi Abdulhadi ya ce, "Yaron da ladabi ya ɓatar, ba zan hana shi 'yata ba. Ka turo manyanka." Bayan girbi aka ɗaura aure.

Amaryar Mati ba ta daɗe ba, don abin da bai taɓa faruwa ba ba shi da gobe. Idan ruwa ya ɗauke, masu wucewa gona sukan hango shi a bakin burtali, shi kaɗai, gemu ya yi furfura, yana yi wa kowa sallama. Babu mai amsa masa.