Jibo a Gasar Tele

Tahira ta tsare Jibo a ƙofar gidan iyayenta da ke unguwar Zariya, ko moto, babur ɗinsa na haya, bai kashe ba. Ta ce jiya gidan kaf sun gan shi a tele, a gasar waƙar 'yan koyo da ake kallo duk Asabar don a sha dariya. Ga shi cikin riga mai ƙyalƙyali kamar takardar alawa, ya ja waƙa da ƙarfi muryar ta tsinke a tsakiya. Gwaggonta har da shaƙewa da ruwa.

"Saura kwana goma magabatanka su zo wurin Baba, Jibo... Mi ya kai ka?"

Ya ce tun yana ƙarami a Tibiri yake son ya yi waƙa gaban jama'a, ko sau ɗaya. Kuma masu kallo sun zaɓe shi zuwa zagaye na biyu.

"Don su ƙara dariya suka zaɓe ka!"

"Na sani, masoyiyata."

Satin nan Tahira ba ta zauna wuri ɗaya ba. Ta shiga ɗaki ta fito, ta ɗora tukunya ta manta. A kasuwa ta ji 'yan kabu-kabu, abokan aikinsa, suna kwaikwayon muryarsa. Mahaifinta Alhaji Sallau, babban mai sayar da yadi, ya ci gaba da harkokinsa kamar bai gani ba, hakan ya fi faɗa tayar mata da hankali. Sau uku tana rubuta wa Jibo saƙo a waya ya janye ko ya manta da ita, tana gogewa.

Ran Asabar ta laɓe a bakin ƙofar falo. Jibo ya fito a tele, ya manta baiti na biyu, zauren ya kece da dariya. Shi ma ya yi dariya, ya share gumi, ya sake daga farko har ya kai ƙarshe. Alƙalai suka cire shi. Ya je ya taya wata mai fura daga Jiratawa murna, ita da ta wuce.

Sai da kowa ya juyo Tahira ta gane tafi take yi, hawaye na zuba.

Alhaji ya rage sautin tele. "Wannan ɗin dai kike so?"

"Shi ne, Baba..."

Alhaji ya gyara zama.

"Su zo ranar da aka sa. Amma ki gaya mishi, ran biki ba shi zai yi waƙa ba."