Ƙazamar Majigi

"Tir! Ɗauke kwanon nan daga gabana!" Gwaggo Delu ta ture dambun da ƙafa tana toshe hanci. "Shitu, duk 'yan matan Bebeji ka rasa ta aure sai ƙazamar majigi?"

Shitu ya durƙusa. Ita ta raine shi tun yana maraya, in ta ce a'a, babu aure.

"Gwaggo, wasa ne fa, fim ne! Luba tana 'yar shekara tara masu majigi suka je Kiru, suka shafa mata taɓo, suka ce ta yi kamar tana shan ruwan kududdufi, don a tsoratar da mutane kan kurkunu. Yanzu ma ita ke rubuta musu labaran da suke ɗauka."

"Da idona na gani! Majina har baki, ƙudaje na binta, ta kafa kai ta sha. Hoto yana ƙarya ne?"

Luba tana gidan yayarta, katanga ɗaya ce tsakani, ita ta aiko da dambun. Ta ji komai, ta kifa kai kan takardunta ta yi ta kuka. Shekara tara ana yawo da hoton nan daga Tudun Wada har Doguwa. Ita ta girma, yarinyar cikin hoton ta ƙi girma.

Abin takaici, ita Gwaggon mai ƙyanƙyami, ruwan randarta daga kududdufin bayan gari yake, ko tacewa ba ta yi.

Da damina ta yi nisa ƙafarta ta kumbura ta fashe, kurkunu ya leƙo fari fat kamar zare. Mugunya da wari suka kori kowa daga ɗakin. Luba ce ta yi sallama da ruwan ɗumi da ɗan tsinke.

"Kar ki taɓa ni!"

"Ki yi haƙuri, Gwaggo. In ya tsinke a ciki, ƙafar ce za ta lalace."

Kullum da safe sai Luba ta naɗe kurkunun kaɗan a jikin tsinken. Sau da yawa takan fita bayan rumbu ta yi amai, ta wanke baki ta dawo. Sati shida cur.

Ran da ya fita duka, Gwaggo ta ga Luba ta tafasa ruwa tana tacewa da farin ƙyalle.

"Ke, wa ya koya miki wannan?"

"Ai shi ne ƙarshen majigin, Gwaggo. An yi min wanka, na tace ruwa na sha."

Gwaggo ta sunkuyar da kai.

"Ni ban kai ƙarshe ba, 'yar nan. Ƙyama ce ta tashe ni."

Bayan kaka aka ɗaura aure. Haƙuri ya yi wa Luba rana, kuma duk mai yanke wa mutum hukunci da rabin labari, kansa yake cuta. Ranar kai amarya Gwaggo ta riƙo hannunta, ta raɗa mata:

"Don Allah, in za ki rubuta ni, ki sa a wanke ni a ƙarshe."