Kazar da ke Cikin Takardun Fansho

Ranar da suka fara haɗuwa, Auta ba ta ga fuskarsa ba, domin kwamfutar da ta rungumo ta tare mata gaba. Ƙatuwa ce, baƙa, mai gilashi a gefe, irin ta masu buga gem, wato wasan kwamfuta. Ta yayanta ce, wanda ya tafi aiki nesa ya bar ta a ɗakin karatun Baba. Da ƙafa ta tura ƙofar shagon gyaran, tabarau ya zamo mata har ƙarshen hanci, ga shi babu hannun da za ta gyara shi.

"Sannu, Malama, kawo, kawo."

Aka karɓe mata kayan. Sai ga saurayi dogo, da sukudireba saƙale a bayan kunne kamar fensirin kafinta. Duk layin Injiniya ake kiransa.

"Me ya same ta?"

"Ni ce na same ta," in ji Auta.

A laburare take aiki, kuma Allah ya yi ta ba ta iya ganin abu a hargitse ta wuce. Ranar hutu ta buɗe kwamfutar, ta ga foldoji a watse kamar an zubar da tsaba, sai ta jera su daga A zuwa Z, kowace a aji nata. Da ta gama, duk 'yan hotunan da ke kan sikirin, motoci da jirage da mayaƙa, sun koma fararen takardu. Ta danna wannan shiru, ta danna wancan shiru.

Injiniya ya jona wayoyi, ya duba, ya danne dariyarsa da tari.

"Ba ki kashe kowa ba. Kin ga waɗannan na kan sikirin? Alamun hanya ne kawai. Ke kuma kin kwashe gidajen kin kai wata unguwa, alamun suna nuna fili. Shi tambarin kowane gem, ɗan hoton nan, a cikin foldarsa yake kwana. Wani ɗan ƙaramin fayil ne, wani lokaci kuma a cikin cikin gem ɗin yake."

Ya nuna mata: a danna maus ta dama, a gyara adireshin, a zaɓi wurin canja tambari, a bi foldar a lalubo hoton. Farar takarda ta farko ta zama jar mota. Auta ta yi tafi, sannan ta ji kunya ta ɓoye hannayenta.

"Kamar katin littafi," ta ce. "Katin yana aljihun tebur, littafin yana kan kanta."

Ya juyo ya dube ta sosai a karo na farko. Shekara shida yana yi wa mutane wannan bayanin, ba wanda ya taɓa mayar masa da shi ya fi nasa kyau.

"Ki bar ta, ki dawo gobe. Ki kuma bar lambar waya. Saboda aiki."

"Saboda aiki," ta maimaita, ta rubuta lambar har sau biyu don kada a yi kuskure.

To, Injiniya yana da wata ɗabi'a: ba ya barin alama da hoton da ba nata ba. A cikin fararen takardun akwai ɗaya mai suna Takardun Fansho. Ya bi adireshinta, ya ga gem ne na noma da kiwo. Bai tsaya tunani ba, ya shiga foldar ya ɗauko tambarinta na gaskiya ya maƙala: kaza ce mai ƙiba, da malafa a ka, tana murmushi.

Baba tsohon shugaban makaranta ne. Shekara talatin yana ƙwace wayoyi da 'yan wasanni daga hannun ɗalibai, kuma har yau idan aka ambaci gem sai ya ce, "Sana'ar malalata." Tun da ya yi ritaya, kullum bayan karin kumallo yakan rufe ɗakin karatu ya ce zai duba takardun fansho. Shekara biyu ke nan.

Washegari Auta ta dawo da kwamfutar gida, aka kunna ta a gaban kowa. Mama ta shigo da shayi, ta leƙa sikirin.

"Malam, fanshon ne ya zama kaza?"

Baba ya shaƙe. "Wane shashasha ne ya taɓa mini na'ura? Cuta ya sa mata! Wannan bairos ne!"

Auta ta shige ɗaki ta rubuta saƙo:

"Malam Injiniya, ka jefa ni a uku. Baba ya ce ka sa wa fanshonsa kaza."

Can a shago Injiniya ya karanta, ya dafe kai. Sai yanzu ya gane abin da ya tona. Ya amsa:

"Kuskurena ne, Malama Farar Takarda. Ki ba Baba haƙuri. Ina zuwa in cire ta."

Ya zo da yamma, ya durƙusa ya gaida Baba, ya zauna. Cikin minti ɗaya ya shiga ma'ajiyar tambura ta kwamfutar, ya zaɓo hoton folda ruwan ɗorawa mai kama da ta ofis, ya rufe kazar da ita.

"Bairos ɗin ya fita, ranka ya daɗe."

Suka haɗa ido. Baba ya san ya sani. Shi ma ya san Baba ya san ya sani. Daga ranar Baba ya tsane shi.

Amma saƙonni ba su tsaya ba.

"Farar Takardata, yau an kawo mini kwamfuta mai folda ɗari huɗu a watse. Na tuna da ke."

"Kada ka bari in gan ta, Mai Gyarana. Ba zan yi barci ba."

Ya fara zuwa laburare aron littafi. Littafi ɗaya ya ara sau biyar, na kiwon zuma, bai taɓa wuce shafi na uku ba. Ita kuma maus ɗin ofishinsu ya riƙa lalacewa duk mako, abin da ya ba shugabarta mamaki ƙwarai.

Bayan wata huɗu kawun Injiniya ya zo ya gana da Baba. Baba ya saurare shi har ƙarshe, ya ce:

"Yaron yana da ladabi, ban musa ba. Amma 'yata ba za ta auri wanda yake ci da wasan yara ba. Ga ɗan abokina nan, likitan haƙori, mutum mai sana'ar manya."

Likitan haƙorin ba mugu ba ne. Illarsa ɗaya, idan kana magana bakinka yake kallo, ba idonka ba. Ranar farko da ya zo hira ya ce wa Auta, "Kina da kyau, amma na ƙasan nan na hagu yana son ciko." Ta yi kwana biyu tana dariya da hannu a baki.

Abin da Auta ba ta sani ba shi ne, gem ɗin Baba yakan sabunta kansa duk bayan 'yan makonni, kuma duk sabuntawa sai kazar ta dawo kan sikirin da malafarta. Baba ya gwada rufe ta da kansa, ya ɓata hanya, har ya mayar da fanshon kwandon shara. Dole ta sa ya nemi lambar shashashan.

Wata rana Auta tana shago, Injiniya ya shiga ciki ɗauko waya, tasa wayar ta yi haske a kan tebur. Ba leƙe ta yi ba, ido ne ya faɗa. Sunan da aka ajiye shi ne Sirri, saƙon kuma ya ce:

"Ka zo ranar Asabar idan sun fita kasuwa. Kada kowa ya sani. Na kasa haƙuri."

Da ya fito ya tarar tana goge tabarau da gefen mayafi, abin da take yi ke nan idan kuka na zuwa.

"Wace ce Sirri?"

"Wallahi ba abin da kike zato ba ne."

"To mene ne?"

"Na yi alkawari, Farar Takardata. Ba zan iya faɗa ba."

"Kada ka ƙara kirana da sunan nan."

Da daddare saƙonsa ya shigo: "Ki yarda da ni zuwa ɗan lokaci. Amanar wani ce a hannuna." Ta karanta sau goma sha ɗaya, ba ta amsa ba. Da safe ta ce wa Baba ta amince likitan ya ci gaba da zuwa. Baba ya ce madalla, amma shayinsa ya huce bai sha ba.

Ranar Asabar likitan ya ce shi zai kai Auta da Mama kasuwa a motarsa. Ba su yi nisa ba Mama ta ce ta manta jakarta, a juya.

A ɗakin karatu kuwa, Injiniya ya zauna ke nan, kaza na kan sikirin, gonar a buɗe domin Baba ya ce a bari ya ba kaji ruwa tukuna. Sai suka ji ƙarar ƙofa.

"Shiga ƙarƙashin tebur!" in ji Baba.

"Ranka ya daɗe, tsawona..."

"Ka naɗe!"

Baba ya kai hannu zai kashe sikirin, ya danna wurin ƙara murya. Zakara ya yi cara, cara mai ƙarfi, har tagogi suka amsa. Mama ta shigo, Auta na bayanta, likitan na bayansu. Ga gona kore shar, ga kaji suna kai da kawo, ga ƙafafu biyu dogaye sun leƙo daga ƙarƙashin tebur. Auta ta gane takalman.

Likitan ya fashe da dariya har ya riƙe ƙofa.

"Haba Baba! Da girmanka? Wannan ai ko ƙanena na firamare ya daina. Bari in ɗauki hoto, mahaifina sai ya..."

Injiniya ya fito da rarrafe, ya buge kai da tebur, ya miƙe da yanar gizo a gashi.

"Gonata ce," ya ce. "Ni na sa ta a kwamfutar nan. Tawa ta shago ba ta da ƙarfi, shi ne nake lallaɓowa in buga. Baba kama ni ya yi. A yi haƙuri."

Ya faɗa yana kallon ƙasa, ya san da wannan maganar ya rufe wa kansa ƙofar gidan har abada. Likitan ya ce, "Ka ji ko. Ɓarawon zaune." Ya matsa kusa da sikirin. "Amma fa gonar ta tsaru. Kai ka gina wannan rumbun?"

"Ni ne."

Gemun Baba ya fara rawa.

"Da wannan madatsar ruwan?"

"Ita ma ni ne."

"Ƙarya kake!" Baba ya daki tebur. "Kai da ko lokacin shuka ba ka sani ba! Wata uku na yi ina haƙa madatsar nan! Kaji ɗari uku da goma sha biyu, kowace na san halinta, ka tashi rana tsaka ka ce gonarka?"

Zakaran ya ƙara cara.

Auta ta dubi Baba, ta dubi Injiniya. A hankali ta ce, "Baba, ku ne Sirri?"

Baba ya zauna, ya cire hula ya ɗora a gwiwa.

Mama ta dafa jakarta, wadda take rataye a kafaɗarta tun fitarsu, ta gyara mata zama.

"Malam, tun bara na sani. Fansho dai ba ya cara. Kuma da ka kwanta asibiti kwana tara, wa kake tsammani ya riƙa ba su ruwa?"

"Ke ce kika sayar mini da jan sa?"

"Cin banza yake yi."

Likitan ya ga an manta da shi, ya yi sallama. A bakin ƙofa ya tuna wa Auta maganar cikon.

Baba ya daɗe yana kallon Injiniya.

"Kai, yaro. Na hana ka 'yata, na kira ka shashasha. Me ya sa ba ka tona ni ba? Kalma ɗaya ta ishe ka."

"Kun ce kada kowa ya sani, Baba."

"Har ita?"

"Ba ku ce ban da ita ba."

Baba ya share ido da babban yatsa, ya ce ƙura ce. "Wanda ya riƙe amanar kaza zai riƙe ta mutum. Ka ce wa kawunka ya dawo." Sannan ya nuna sikirin. "Wannan kuma ka bar ta da malafarta. Na gaji da ɓuya."

Da yamma saƙo ya shigo wayar Injiniya:

"Ka yafe mini, Mai Gyarana. Na yi kishi da mahaifina."

"Na yafe. In ci gaba da kiran sunan?"

"Ka ci gaba. Kuma ka dawo da littafin zuma, ya wuce kwanansa."

Bayan wata biyu aka ɗaura aure. Yaya ya dawo daga wurin aiki, ya ce zai tafi da kwamfutarsa, Baba da Mama suka ce a tare, "Ka taɓa ka gani." Da aka zo rakiyar amarya, Baba ya riƙe hannun angon ya yi musu addu'a doguwa: Allah ya ba da zaman lafiya, ya rufa asiri kamar yadda aka rufa nasa, ya kawo zuriya mai albarka. Kowa ya ce amin. Sai ya rage murya ya ce, "Ranar Asabar ka leƙo, an fito da sabon gem mai awaki."

A sabon gidansu, amarya ta kunna kwamfutar mijinta, ta ga foldoji a watse, yatsunta suka fara ƙaiƙayi. A tsakiyar sikirin akwai wani tambari da shi ya zana da kansa, ɗan tabarau zamamme. Ta danna, sai ga saƙonninsu duka tun daga na farko, mai maganar kaza.

"Wannan kaɗai kada ki matsar," in ji shi daga bakin ƙofa. "Sauran ki jera yadda kike so. Ina da sukudireba."

Allah ya bar su tare, ya albarkaci gidansu, ya kuma raya kajin Baba.